Cindo Ya Shiga Sojan Majigi

A garin Tungar Makera an yi wani mutum, Cindo, shi da matarsa Tasalla da akuyarsu guda. In ana lissafin masu hankalin gidan, akuyar ce ta biyu.

Wata rana masu ɗaukar hoton majigi suka sauka garin, za su yi wasan barkwanci na soja. Shugabansu, Malam Barmo, ya ga tsayin Cindo, ya ce an sami gwani. Aka sa masa kaki, aka ba shi bindigar katako. Barmo ya ce, "In na ɗaga hannu, ka buɗe wuta." Da ya ɗaga, Cindo ya ruga gida, ya ture tukunyar Tasalla daga murhu. Ya dawo ya ce, "Na buɗe ta, tana ci." Tasalla ta biyo shi da muciya, ta nuna masa yaƙi na gaske.

Wata rana kuma Barmo ya ce, "In kyaftin ya shigo, ka sara masa." Cindo ya aro gatari. Mai fitowa a kyaftin, da tumbinsa da lambobinsa, ya hau bishiyar kuka cikin saurin da ba a taɓa gani ba. Daga sama ya ce ya bar aikin soja.

Wata rana, ranar kasuwa, Barmo ya ce, "Yau maƙiyi zai zo da kayan hafsa. Kai za ka kwance masa zani a kasuwa." Ana shiri sai ga wani baƙo da kaki da sanda, ya ce shi hafsa ne, bariki ta aiko shi ya kwashe awakin gari. Mai gari ya ce a ba shi, Barmo ya ɓuya bayan akwatin hotonsa. Har an fara ɗaure awaki.

Cindo ya zaci ɗan wasa ne. Ya tako, ya kama wandon baƙon ya zuge. Sai ga gajeren wandon fursuna a ciki, da lambarsa. Ashe tserewa ya yi, kakin ma na sata ne. Aka taru aka danne shi.

Mai gari ya ce, "Cindo, dama mun san kai mai hangen nesa ne."

Cindo ya dubi Barmo, ransa a ɓace. Ya ce, "Malam, a yi haƙuri. Na duba ko'ina ban ga zanin ba, wando na samu."