Baban Gyangyaɗi da Kambun Saniya

Kaf kudancin Jamus babu darakta irin Herr Diethelm Dettmering. Wanda bai yarda ba ya je ya tambaye shi. Fim talatin da tara ya yi wa talabijin ɗin yankin, kowanne da likita gwauro, da bazawara mai masaukin baƙi, da tsauni a bayansu. Ƙarfe biyun rana ake sa su, bayan tsofaffi sun cika ciki da dankali, shi ya sa ma'aikatansa ke kiransa Baban Gyangyaɗi. Na arba'in kuwa, ya rantse sai an sa shi ƙarfe takwas na yamma, lokacin manyan daraktoci.

Gogan ya naɗa jan ƙyalle a wuya, ya dira wani ƙauye a yankin Allgäu ranar da ake sauko da shanu daga tsauni. So yake fim ya ƙare da saniyar gaba sanye da kambun furanni.

Tsohuwa Kreszenz mai garken ta ce, "Bana babu kambu, Herr Darakta. Aradu ta kashe mana karsana. Sai shekarar da duk suka dawo lafiya ake sawa."

"Haba Frau Kreszenz! Ni fa na nuna wa Jamus yadda ƙauye yake. Ba ɗaukar gaskiya nake yi ba, gyara ta nake yi!"

Ya sa aka sayo furen roba, ya zaɓi saniyar da ta fi kyau, ya kafa ta a gaba, ya daka tsawa a fara. To, shanu ina ruwansu da darakta? Garke ya bi tsohuwar saniyar da ta saba yi masa jagora, mai karyayyen ƙaho, ya ratse ta bayan coci. Mai kambu ta rufa musu baya a guje, fure na reto a kunne ɗaya.

"Madalla!" in ji shi. "Dama haka na tsara."

Tashar talabijin ta duba fim ɗin, ta sa shi ƙarfe biyu. Bai karaya ba. Ya ce ai ƙauyawa za su fusata da kambun ƙarya, jaridu su ɗauka, dole a maimaita fim ɗin da yamma. Mako uku yana jira, wasiƙa ɗaya tak ta zo. Ya tara ma'aikata, ya gyara murya, ya karanta musu da ƙarfi. Daga Kreszenz ce.

"Herr Darakta, mun kalla, shanu sun fito da kyau. Amma don Allah wani karon a matsar da likitan nan da bazawararsa gefe, suna tare mana su."