Barnabas Mai Gwanjo Ya Fita Neman Kurkuku

"Kafin a yi askin tumakin bana, matar yaya, za ki gan ni a bayan kantar Tabitha Alderson, makullan shago a aljihuna, ita kuma tana zuba mini shayi."

Haka ƙanin mijina Barnabas ya ce mini ran kasuwa, yana tsaye gaban teburin da nake sayar da tsofaffin littattafai, ya turo tumbi gaba kamar shi ya gina garin. Barnabas mai gwanjon tumaki ne. Idan ka taɓa zuwa garinmu ran gwanjo, to ka ji shi tun daga kan gada. Mutum ne da in ya ce maka ina kwana sai karnukan unguwa uku sun amsa. Ni dai Ganga nake kiransa tun yayansa Ezra yana da rai.

Na ce, "Ganga, Tabitha 'yar ɗarikar Kweka ce, ba cocinmu take zuwa ba. In ta auri wanda ba nasu ba, cire ta za su yi daga cikinsu. Kana ganin za ta bar jama'arta saboda gashin bakinka?"

"To sai in zama nasu. Mene ne a ciki? Baƙar riga ce da faffaɗar hula, sauran kuma yana cikin littafi. Miƙo mini tarihin nan nasu da yaya ya bari."

Ita Tabitha mijinta ya rasu ya bar mata shagon shayi da sukari da babu kamarsa a kan babban titi. Ni ban taɓa jin daɗin sayayya a wurinta ba, don 'yan Kweka ba sa ciniki. Farashi ɗaya suke faɗa, in ka taya sai a dube ka kamar ka taka wa mutum ƙafa. Amma mace ce mai hankali, kuma shagon yana kawo kuɗi, shi ne abin da Ganga ya hango.

Tarihin littafi uku ne, masu baƙin bango, kowanne ya kai nauyin ɗan rago. Karatuna bai wuce allon shago ba, amma na san kayana, don Ezra, Allah ya jiƙansa, yakan karanta mini su ina ɗinkin safa. Na farko labarin shekaru ɗari biyu da suka wuce ne, lokacin da ake dukan mutanen nan ana jefa su a kurkuku suna ta ihu a tituna. Na biyu da na uku su ne yadda suka huce suka koma masu sayar da shayi da muka sani.

"Sule tara, ukun," na ce.

"Littafin ɗan'uwana za ki sayar mini?"

"Ni ɗan'uwanka ya bar wa. Sule tara."

Muka ja, muka ja, har mai sayar da cuku na kusa da ni ya bar kayansa ya zo kallo. Daga ƙarshe Barnabas ya ɗauki na farko kaɗai. Na ce masa labarin bai ƙare a nan ba. Ya ce, "Ni mai gwanjo ne, matar yaya. Haƙoran tunkiya nake dubawa in san sauran jikinta." Na karɓi kuɗina, don ba na maimaita shawara kyauta.

Kasuwa ta zagayo sai ga shi, idanu jajur, littafin a hammata.

"Na gano sirrinsu," in ji shi. "Duk wani babba a cikinsu sai da ya sha kurkuku. Kowane shafi ka buɗe, an kama wane, an ɗaure wance. Kuma matan nasu, matar yaya, har zuwa suke yi suna roƙon a rufe su a madadin mazan. Ran da aka rufe ni, ranar Tabitha za ta narke kamar man shanu."

"To wa zai rufe ka?"

"Ki zuba ido."

Ya fara da coci. Ran Lahadi ya shigo da sabuwar hula mai faɗin faifai, ya ƙi cirewa, don mutanen cikin littafin ba sa cire wa kowa hula. Limamin cocinmu tsoho ne tukuf, kuma ran nan mura ta shaƙe shi, yana wa'azi kamar ana murza ƙofa. Sai Barnabas ya haye benci ya nuna shi da yatsa kamar yadda ya karanta, ya ce, "Sauko, kai mai wa'azi don albashi!"

Tsohon ya dube shi, ya sauko a hankali yana riƙe da ƙarfe, ya zo har gabansa.

"Allah ya yi maka albarka, ɗana," ya ce da ƙyar. "Maƙogwarona ya ƙi. Tunda kana da murya, karanta wa jama'a sanarwar nan."

Ya danƙa masa takarda. Shi kuwa mai gwanjo in ka ba shi takarda gaban taro, bakinsa ba ya jiran izininsa. Haka Barnabas ya tsaya a kan benci ya sanar da auren mutum biyu da ranar shan shayin mata. Da aka tashi har ana yi masa sannu da ƙoƙari, wata tsohuwa ta ce yau ne karon farko da ta ji sanarwa tun da kunnenta ya yi nauyi.

Sai ya koma littafi ya samo wata dabarar. Ran kasuwa ya cire takalmi, ya sa buhu a jiki, ya zuba toka a ka, ya taho ta tsakiyar titi yana cewa kaiton garin nan, kaiton garin nan. Garinmu kuwa ba ya kwana biyu ba a yi ruwa ba. Kafin ya iso wurin mahauta tokar ta zama kunu tana gangaro masa cikin kunne. Mutane da suka ji muryarsa suka taru, don sun ɗauka gwanjo ne.

"Me ake sayarwa, Barnabas?" in ji wani mahauci.

"Kaiton garin nan."

"Na ji. Buhun fa?"

Wata matar manomi ta taya buhun sisi. Ya juya ya ce mata ya fi haka, sannan ya tuna abin da ya fito yi. Tabitha na tsaye a ƙofar shagonta, ta dube shi daga sama har ƙasa ta ce, "Barnabas Tunstall, mura za ta kama ka." Su haka suke kiran mutum, da cikakken sunansa, ko sarki ne.

Ya zo teburina yana ɗigar ruwa a kan kayana.

"Kin ji? Har ta fara damuwa da lafiyata."

"Matsa daga kan littattafaina, Ganga."

Murar ta kama shi kuwa. Yana tashi daga jinya ya nufi wurin Nuttall, ɗan sandanmu guda ɗaya tilo, ya tsaya gabansa ya ce a kama shi.

"Me ka yi?"

"Ban cire maka hula ba."

"Ni ma ban cire maka tawa ba. Jeka gida."

Da ya ga hukuma ta ƙi ba shi haɗin kai, sai ya ce zai je ɗakin taron 'yan Kweka da kansa, su ji wahalar da ya sha saboda su. Na bar cocina na bi shi, don irin wannan kallo ba a barin a ba ka labari.

Ka san yadda suke. Farin ɗaki, bencuna, maza gefe mata gefe, dattawa a benci mai tudu suna fuskantar jama'a. Ba liman, ba waƙa. Kowa ya zauna ya yi shiru, sai in wani ya ji an sa masa magana a zuciya ya tashi ya faɗa a taƙaice ya zauna. Wata rana ma har a tashi ba wanda ya ce uffan.

Barnabas ya yi shiru gwargwadon dafuwar ƙwai. Sai na ji ya raɗa wa na kusa da shi, raɗar da ta kai har wurin mata, "Yaushe za a fara?"

"An fara," in ji mutumin.

Sai ya tuna littafi ya ce na dā jikinsu yakan yi rawa. Ya kama karkarwa. Bencin ya ɗauka, mutum biyar da ke kai suka shiga rawa ba da son ransu ba, hular wani tsoho ta gangaro ta bi ƙasa. Ba wanda ya juya. Da ya ga rawar ba ta karɓu ba, sai ya miƙe ya gyara murya.

Ya faɗi yadda ya tunkari limamin coci. Ya faɗi yadda ya taka tsakuwa ba takalmi. Ya faɗi murar, da yawan ƙyallen da ya jiƙa da majina. Ya kwatanta kansa da mutanen littafin da suka mutu a kurkukun birnin Lancaster, ya ce su ma ba su yi tari kamar nasa ba.

To 'yan Kweka ba sa ce wa mutum rufe bakinka. In mai magana ya wuce gona da iri, dattijo ɗaya ne zai miƙe tsaye ya yi shiru, ma'ana ya isa haka. Kowane yaro a garinmu ya san wannan, amma ba ya cikin littafi na farko. Tsoho Abram Sill, babban dattijonsu, ya dafa sanda ya miƙe.

Shi kuwa mai gwanjo in mutum ya miƙe a gabansa, tayi ya yi. Fuskar Barnabas ta washe.

"Ga ɗaya ya tsaya mini. Akwai na biyu?"

Wani dattijon ya miƙe.

"Biyu. Na gode, baba. Biyu nake da su, wa zai cika uku? Ɓangaren mata fa, ban ga kowa ba."

Wata dattijuwa ta miƙe, sai wata, sai ɗakin duka ya tashi tsaye, kowa ido a ƙasa. Barnabas ya ga abin da bai taɓa gani ba ko a gwanjon raguna, ya haye benci ya saki murya gaba ɗaya har tagogi na amsawa.

Nuttall na wucewa ta titi. Tun da aka haife shi bai taɓa jin ko tari daga ginin nan ba, sai ya ɗauka ana yanka wani ne. Ya banko ƙofa da kulki a hannu ya janyo Barnabas daga kan benci ta wuyan riga.

"Bar shi, aboki," in ji Abram Sill. "Ba mu kira ka ba."

"Ba sai kun kira ni ba, baba. Doka ta hana a tayar wa mutane da ibada, ko ta wace ce."

Ban taɓa ganin wanda aka kama yana murna irin ta ran nan ba. Ana jan sa yana waiwaye yana cewa, "Matar yaya, ki ce wa Tabitha kada ta yi kuka." Tabitha na gefena tana gyara igiyar hularta.

A gaban alƙali ya shigo da hula a kai yana jiran a yi faɗa. Masinjan kotu ya zo ya ɗauke ta a hankali ya rataye a ƙusa, kamar yadda ya saba yi wa kowane ɗan Kweka.

"Ba zan rantse ba," in ji Barnabas, don littafi ya ce na dā ba sa rantsuwa a kotu.

"Ba wanda ya ce ka rantse." Alƙali ya juya wurin Abram Sill. "Wannan naku ne?"

Tsohon ya ce, "Ɗan Adam ne kamar mu."

"Ba abin da na tambaya ba ke nan."

"A'a, ba namu ba ne."

Aka ce ya biya tara ko ya yi mako guda a rufe. Ya zaɓi rufewa, ya nemi a sa masa sarƙa, aka ce babu. Ya nemi a kai shi Lancaster, aka kai shi ɗakin bayan ofishin Nuttall inda ake ajiye mashaya su wartsake.

Tabitha kuwa ta daɗe tana kai wa duk wanda aka rufe a ɗakin nan romo da burodi, ɓarawon kaza ne ko mashayi. Ranar da za ta je na bi ta da wankakkiyar rigarsa. Yana hango ta ya miƙe ya kama ƙarafan ƙofa.

"Na san za ki zo. Amma ba zan yarda ki shiga a madadina ba, Tabitha. Wurin nan ba na mace ba ne."

"Romo na kawo, Barnabas Tunstall. Sha da zafinsa."

Ya ajiye kwanon ya durƙusa a kan gwiwa ɗaya, gwiwar ta yi ƙara. Ya ce yanzu kam ya cika sharaɗi, ya zama nasu, saura a sa rana.

Ta zauna a kan kujerar Nuttall ta haɗa hannu ta yi shiru irin nasu. Barnabas na ƙifta mini ido. Can ta ɗago.

"A'a," ta ce.

"A'a yanzu, ko a'a sai na fito?"

"A'a."

"Bayan duk wahalar da na sha? Ki duba littafinku, Tabitha. Irin mu ake rubutawa a ciki."

"Jama'armu sun zauna a kan maganar nan," in ji ta, tana rufe kwandonta. "Kowa ya yarda an sha wahala a garin nan bana, kuma ya kamata a rubuta. Sai dai mu muka sha ta, Barnabas Tunstall. Kai ne wahalar."