Gawar da Ta Ɗaga Mayafi

Ba zan taɓa mantawa ba da ranar da aka nuna fim ɗina na farko a wani ɗakin kallon bidiyo a unguwar Nima. Lokacin kaset ya fara yawa a Akkara, duk wanda ya ari kyamarar biki sai ya ce shi darakta ne. Ni kuwa haɗamata ta fi ta kowa: ni na rubuta labarin, ni na ba da umarni, ni ce kuma jarumar (sau uku na sa aka rubuta sunana).

Labarin na ban tausayi ne, matar da ciwo ya kashe kafin mijinta ya dawo daga Legas. A ɗakin yayar mahaifiyata muka ɗauki mutuwar, wato Mma Zuwera mai shinkafa da wake a Maamobi. Aka lulluɓe ni, ita da maƙwabta suka hau kuka. Akwai ɗan wurin da na ce wa Kwame mai kyamara ya yanke, ya ce an gama. Ban duba ba, ina can wajen tela kan kayan da zan sa.

Ranar kallo ɗaki ya cika. A gaba ga wani Alhaji dillalin kaset daga Adabraka, wanda in ya ƙi fim, fim ya mutu. Aka zo wurin mutuwar, har na hango wata tana share hawaye. Na gyara zama.

Sai a cikin fim ɗin gawa ta ɗaga mayafi, ta buɗe ido ɗaya, ta ce:

"Mma, kukan nan ba gishiri. Ki tuna ranar da tukunyarki ta kife."

"Kwanta, gawa ba ta surutu," in ji Mma, ta danna kaina ƙasa, ta ci gaba da kukanta.

Wani ya faɗo daga benci don dariya. Sau biyu aka tilasta wa mai ɗakin ya mayar da kaset baya, ni kuwa ina neman ƙofa cikin sabon leshina.

Alhaji ya tare ni yana share ido, ya ce ya karɓi fim ɗin, ya daɗe bai ga mai iya barkwanci kamata ba. Na gyaɗa kai kamar da gangan na yi.

Finafinai da yawa na yi bayan nan, amma har yau in na shiga Kasuwar Malam Atta sai wata ta ce, "Gawa, ya jiki?" Tun ranar na gane, in za ka mutu a fim, bar wani ya kula da masu kuka.