Tatsuniyar Sitti da Tsohon Bature

Ba zan taɓa mantawa ba da ranar da na tsaya gaban jama'a a Jidda ina cika baki da gadon kakanni. Wata bita aka shirya ta masu son rubuta fim, aka gayyato wani tsoho daga ƙasar Cek wanda ya ƙare rayuwarsa yana rubuta finafinan tatsuniya. Kowa zai kawo labarinsa, shi kuma ya zaɓi mutum uku da zai koyar. Ni kuwa wallahi na ƙwallafa rai, don na gaji da sayar da turare a wani shago a unguwar Bani Malik.

Tatsuniyar kakata na ɗauko, wadda muke ce wa Sitti, ita ta rene mu a unguwar Karantina a nan Jidda. Labarin wani gari ne da agogonsa ya tsaya, kowa ya daina tsufa, sai 'yar mai gasa burodi ta hau hasumiya don ta tashi wani beyar, wato ƙaton dabban nan mai gashi na ƙasashen sanyi, da ke barci a cikin agogon. (Ko sau ɗaya ban taɓa tambayar kaina me ya kai beyar da hasumiya ƙasar Hausa ba.)

Da aka kira ni, sai da na yi shimfiɗa. Na ce wannan labari tun kaka da kakanni ne, a ƙafa ya zo Makka tare da alhazan da, kuma Turawa ba su da irinsa. Tafinta yana juya masa, ni ina ƙara gishiri.

Ina kaiwa inda yarinyar ta isa gaban beyar, sai tsohon ya ɗaga hannu ya yi magana. Tafinta ya dube ni da tausayi.

"Ya ce a nan ne take cire takalmin mahaifinta ta ba shi, ko?"

Na ce, "Ƙwarai! Ashe ya san tatsuniyoyinmu?"

"Ya ce shi ya rubuta shi yana saurayi. Fim ɗinsa na farko ke nan."

Innalillahi! Ɗaki ya ɗauki dariya, ni kuwa ji na yi kamar ƙasa ta tsage in shige. Shi tsohon har da share hawaye, wai ya ji daɗi. Amma halas, shi ke nan, ba a zaɓe ni ba, tunda labarin kanka ake nema.

Ban zame ko'ina ba sai gida.

"Sitti, don Allah a ina kika samo tatsuniyar agogo?"

Ko ɗagowa ba ta yi ba daga tsince shinkafa. "A talabijin ɗin gidan Larabawan da na yi wa aiki mana. Kun dame ni da kuka, Gizo ya ƙare min, in yi yaya?"

"To me ya sa ba ki faɗa ba?"

"Ke kin tambaya?"

Har yau ina sayar da turare. Amma na koyi abu ɗaya: kafin ka yi wa Bature tutiya da gadon kakarka, bincika ko gidan aikinta da talabijin.