Jatau da Wayar Baƙi

A wani ƙauye akwai Jatau, ƙaton mutum har da gemu, wanda in ka ce masa zauna, to sai ka tuna ka dawo ka ce masa tashi. Yana zaune da tsohuwarsu makauniya da ƙanensa Sagiru mai gyaran waya, wanda shi kaɗai ke ciyar da gidan. Sagiru na da wata 'yar na'ura mai kutsawa cikin waya tun kafin ta gama tashi, ta fasa makullinta. Har lambar jikin waya, wadda da ita ake gano ta sata, tana iya sauyawa. Amma wannan aikin ƙarshensa gidan yari ne, shi ya sa bai taɓa yi ba.

Wata rana Sagiru ya ce, "Yaya, danne maɓallan nan biyu har in dawo." Ya fita, aka ja shi jana'iza. Da ya dawo ya tarar da Jatau na zufa, yatsu sun sandare, waya ta yi zafi kamar dutsen guga.

Wata rana kuma Sagiru ya ce kada a ba kowa waya sai ya faɗi lambar jikinta. Liman da kansa ya zo karɓar tasa. "Allah gafarta Malam, karanto," in ji Jatau. Haka bawan Allah ya koma gida hannu rabbana.

Wata rana sai ga baƙi biyu da waya mai tsada a kulle. Ɗayan ya ce a fasa makullinta, a sauya lambar, ya ɗan ɗaga riga aka ga wuƙa. Jatau na gefe yana kallo. Sagiru, don ya nisanta shi da wuƙar, ya ce, "Yaya, je ka faɗa wa kowa kada ya zo shago yau."

Kowa aka ce, ai kuwa Jatau bai tsallake kowa ba. Ya faɗa wa mai shayi, ya faɗa wa mahauta, ya bi rumfa-rumfa da gudu har ofishin 'yan sintiri.

"Sagiru ya ce kada ku zo."

"Don me?"

"Yana sauya wa masu wuƙa lambar waya."

Suka taso da sanduna, Jatau na biye yana roƙonsu su koma. Suka iske Sagiru ya jona waya, saura ya danna. Aka danne baƙin, aka duba lambar: ta wani ɗan kasuwa ce da aka kashe a hanya. Da ta sauya, da tare da Sagiru za a tafi.

Sagiru ya zube ƙasa, ya rungume ƙafar yayansa yana kuka. Jatau ma hawaye ya zo masa.

"Ka yi haƙuri, Sagiru," ya ce. "Wallahi na faɗa musu, su ne ba sa jin magana."