Rasuwar Auta, kwanson harsashina na ƙarshe

Da zuciya mai nauyi, da jikin da ya gaji, ni Vernon Haugland, makiyayin tumaki a yammacin garin Jordan, a madadin iyalina, ina sanar da 'yan uwa da maƙwabta rasuwar Auta, kwanson harsashin tagulla samfurin .22-250, wanda ya cika ranar Talata da rana tsaka a cikin bindigar da ya yi wa hidima shekara talatin da bakwai.

Su hamsin ne suka zo gidan nan a kwali ɗaya, shekarar da dila ta cinye mana 'yan raguna sittin a wata biyu. Wanda bai san aikin ba ya sani cewa kwanso ba ya mutuwa da harbi ɗaya. Ana tsince shi a goge, a zuba masa sabon albarushi, a ɗora masa sabon kai, ya koma bakin aiki. A kan teburin cin abinci nake yin wannan, matata Arlyss tana ture ni gefe da tukunya.

"Malam, wata rana albarushi za ka ci a miya," takan ce.

'Yan uwansa sun riga shi ɗaya bayan ɗaya. Wasu sun faɗa cikin ƙanƙara ban gan su ba sai da bazara, sun yi kore. Wasu sun tsage. Uku na tabbata Arlyss ce ta share su da shara, ta kuma rasu ba ta amsa laifin ba. Da ya rage shi kaɗai na daina fita da shi harbin kuregen da ke haƙe mana makiyaya. Na ajiye shi a aljihun riga sai babban aiki.

Marigayi ƙanƙane ne, bai kai tsawon yatsana ba, amma ban taɓa ganin mai saurinsa ba. Daga bakin rumfa zuwa gindin tudu taku ɗari huɗu ne, kafin dila ta ji ƙara ta riga ta kwanta. Ba ya dukan kafaɗa. Ba shi da surutu, maganarsa ɗaya ce, tas, sai kuma ɗan kilin idan ya faɗo a kan dutse. Sau ashirin da bakwai na cika shi, bai taɓa ba ni kunya ba.

Ciwonsa ya fara ne da sanƙarewar wuya tun bara. Na gasa shi a harshen wuta ya ɗan yi laushi, na san dai jinkiri nake saya.

Ranar Talata tumaki na tsakiyar haihuwa, dila ta shigo garke da rana tsaka, ko sauri ba ta yi. Na jingina bindiga a kan shinge. Na sa ido a madubin hange, sai na ga dila biyu, alhali ɗaya ce. Na zaɓi ta dama. Auta ya ce tas kamar kullum, ƙasa ta yi tsalle can gefe, dila ta ɗauki ɗan rago ɗaya ta haye tudu. Da na buɗe bindiga na tarar wuyansa ya tsage har kafaɗa.

Ina so a shaida cewa shi ya je inda aka aike shi. Yanar ido tawa ce, rawar hannu ma tawa ce.

'Yata Renae ta zo daga birnin Billings washegari, ta same ni zaune da shi a tafin hannu.

"Baba, irinsa fa cike suke a kanti. In sayo maka?"

"Ido ma suna sayarwa?" na ce.

Ta ce, "Ɗakin da na ware maka a gidana dai yana nan, na gaji da faɗa." Shekara uku tana wannan magana ina sauya zance. Wannan karon na tambaye ta ko tagar ɗakin tana kallon fili. Ta ce tana kallon wurin ajiye motoci. Na ce to.

Ya rasu ya bar bindiga ɗaya wadda cikinta ya side, da kwalin da ya zo a ciki, da tumaki ɗari biyu da goma, da tsohon kare mai suna Buster wanda ya kurmance tun kafin ni, da dila ɗaya mai ƙoshin lafiya. Muna roƙon duk wanda ƙararsa ta taɓa firgita wa doki ya yafe masa.

Za a yi jana'iza ranar Asabar da ƙarfe goma, a gindin turken shingen da na yi harbin. Ramin ba zai wuce cokali biyu ba, kada kowa ya zo da shebur. Maƙwabcina Orvil Stensrud zai yi jawabi, na roƙe shi ya gajarta, domin daga nan zai kora tumakin zuwa gonarsa. Ya ce, "Tsoho, ka riƙa zuwa kana duba su." Ya san daga gidan Renae awa uku ce a mota, kuma an hana ni tuƙi.

Akwai gahawa da gurasar da Renae ta gasa. Ba za a yi zaman makoki ba. Masu mota buɗaɗɗiya su daure su tsaya, akwai gado da tebur da za a ɗora. Wanda ya fita a ƙarshe ya ja ƙofar shingen ya sa sarƙa, ko da yake babu sauran abin da zai fita.