Yadda Na Zama Haramtacciyar Ƙungiya a Fadamar Zauro

Ni na fara ganin wanga al'amari, tun masu tabarau ba su fara shiga rediyo suna fassara shi ba. Jiya ma sai da na faɗa a layin mai cikin Birnin Kebbi, kuma faɗar ta jawo mini asara. Na tafi da jarkata neman man inji, na tarar layi ya miƙe kamar ana rabon Aljanna. Wani mai keke a gabana ya ƙure rediyo, wani masani yana ta bayanin bambancin ƙungiya mai zaman kanta da 'yan sa kai da haramtacciyar ƙungiya da masu zagon ƙasa. Na ce wa mutanen layi su kashe abin nan su saurare ni, domin ni Tamba, da ban taɓa zama a benci gaban allo ba, duk sunayen nan na sa su a wuyana cikin damina guda. Ina cikin bayani, na aje jarka don hannuwana su sami wurin nuni, layi ya matsa ya bar ni. Ko da na waiwaya an rataye bututu, mai ya ƙare. Dole na saya wurin 'yan bumburutu, waɗanda masanin ya ce sunansu kasuwar bayan fage, alhali ga su zaune a ƙofar gidan man, inuwarsu guda da mai gadi.

To tunda mutanen layi ba su ji ƙarshen zancen ba, ku ku ji.

Farkon damina na je Argungu duba ɗiyata Rauda da ke aure can. Na leƙa bakin gulbi na ga ruwa ya yi ja, yana tafe da kara da tsumma, masunta suna jan jiragensu sama. Wanda ya tsufa a fadama ya san ruwan da ya yi wa Argungu sallama, gobe mu zai kwana wa. Na dawo ƙauyenmu na gefen Zauro na yi shela. Matata Hodi ta ce duk wanda ke cikin motar da ta kawo ni ya ga abin da na gani, har akuyar da anka ɗaure a but. Wataƙila. Amma akuya ba ta yi shela ba.

Jingar da ke tare mana ruwa ta daɗe da zaizayewa. Jinga, ga 'yan birni da ba su sani ba, tudun ƙasa ne da ake tayarwa tsakanin gulbi da gonaki. In ta tsaya, shinkafa ta tsaya. In ta faɗi, sai a shekara ana kallon bakin maƙwabci. Kowane zaɓe ana yi mana alkawarinta, kuma kada in yi butulci, manyanmu ba su manta da mu ba: sun aiko da allon sanarwar aikin. Allo ne mai kyau na ƙarfe, awakinmu sun daɗe suna shan inuwarsa, Allah ya saka da alheri.

Da ruwa ya ƙara matsowa, Hodi ba ta shawarci kowa ba. Ta buɗe rumbunta ta auno shinkafa, ta aika wa mata su zo da muciya da tukwane. A wurinmu haka ake kiran gayya. Ba ta da shugaba, ba ta da albashi. Wanda ya aza tukunya shi ya kira, wanda ya ji ƙamshi ya ɗauko fartanya. In an ci an ƙoshi an wanke hannu, gayya ta watse, ba wanda ke bin wani ko sannu. Mutane sunka fito har daga ƙauyukan maƙwabta, wasu na haƙa, wasu na cika buhu, wasu na dannawa da ƙafa. Ni kuwa, saboda bayana da ke ciwo tun zamanin da ake auna gyaɗa, na ɗauki aiki mafi nauyi, wato zama gindin giginya ina nuna inda za a zuba ƙasa. Ba kowa ke iya wannan ba. Sau da yawa sai na nuna wuri in tarar har sun riga sun zuba, don tsabar fahimtar juna.

Jinga ta tashi, ta yi kyau kamar doron raƙumi. Ana cikin sharar hannu sai ga mota mai baƙin gilashi ta tsaya inda hanya ta ƙare. Wani bawan Allah ya fito yana ɗage ƙafar wando. Ba zan faɗi ofishinsa ba, mu dai kira shi Mai Girma Babban Mai Duba Abin Da Bai Shuka Ba. Ya dubi jinga, ya dubi allo, ya dube mu.

"Wane ne shugaban wannan ƙungiya?"

Kowa ya sunkuyar da kai. Maƙwabcina Kalilu, wanda muka yi kaciya tare, ya take mini ƙafa har sai da na ji a haƙori. Amma ni a lokacin abin da nake hangowa shi ne talabijin, da hannun babban mutum cikin nawa, wataƙila har da babur. Na gyara hula na fito.

"Ranka shi daɗe, ga ni. Ni na gano ruwan, ni na tsara aikin."

Ya tambaye ni ko mu na hukuma ne, na ce a'a. Ko mu ƙungiya ce mai zaman kanta da ke da rajista, na ce mu dai da kanmu muke zaune, ba wanda ya zaunar da mu. Ko wani ya ba mu izini, na ce Hodi. Nan ya sanar da ni, cikin ladabi ƙwarai, cewa wurin nan an riga an ba da kwangilarsa, saboda haka duk ƙasar da munka tara mun tara ta ne ba bisa ƙa'ida ba, mu haramtacciyar ƙungiya ce, kuma a rushe jingar kafin ya dawo, in ba haka ba shugaba zai yi bayani inda ba a ba baƙo tabarma. Na waiwaya in ga jama'ata, sai na ga bayansu. Tsuntsun da ya ja ruwa, shi ruwa kan doka.

Na bi shi Birni don in ba da haƙuri, kuma a can na yi karatun da ban yi ba ina yaro. Wani ma'aikaci mai kirki, yana cin gyaɗa, ya warware mini komai. Ƙungiya mai zaman kanta, in ji shi, ita ce mai ofis da farar mota, wadda in ruwa ya ci gari take kama ɗaki a otal ta tattauna yadda ya ci. 'Yan sa kai su ne masu yin aikin hukuma kyauta bayan hukuma ta ce su yi. Masu zagon ƙasa su ne masu yin aikin kyauta bayan an riga an biya wani ya yi. Na ce to aikin ai guda ne, fartanyar ma guda ce. Ya ce ƙwarai, Baba, sai dai fartanya ba ta sa hannu a takarda. Na tambaye shi wanda ya karɓi kwangila bai zuba ko kwando guda ba, shi mene ne sunansa. Ya ce shi sunansa Alhaji.

Ya ƙara da cewa akwai suna na sama da duk waɗannan, ana ajiye shi ga wanda anka ce ya bari ya ƙi bari. Ɗan tawaye. Ya ce in yi ƙoƙari kada a yi mini wannan ƙarin girma.

Na dawo gida na tara mutane bayan la'asar. Na hau turmi, na ba da umurni a matsayina na shugaba, gobe kowa ya fito da fartanya a rushe jinga. Ba wanda ya yi musu. Kalilu ma cewa ya yi umurnin shugaba ai ba abin wasa ba ne, sai dai yana son ya san gidan wa za a aza tukunya, don rushewa ma gayya ce. Kowa ya juya ya dubi Hodi. Tana zaune tana tsince wake, ko kai ba ta ɗaga ba.

"Malam, ni na dafa an gina. Wanda ka son a rushe shi aza tashi tukunya. Ga murhu can, ga icce."

Na ce mata maganar hukuma ce, ba ta gida ba. Ta ce to hukuma ta zo ta tuƙa. Na ce za a ɗaure mijinta. Ta ce in an ɗaure ni za ta kai mini tuwo, amma in jinga ta faɗi ba ta da tuwon kai wa kowa, har ni.

Kun ga inda baki ya yanka wuya. A Birni ni ne jagoran masu taurin kai, saura ƙiris in zama ɗan tawaye. A gida kuwa an fara kirana ɗan koren hukuma, ko gaisuwa sai a yi mini da gefen baki. Mutum guda, hula guda, suna biyu. Gaba kura baya sayaki.

Da na ga babu mai rushewa, na ce namiji ba ya jiran gayya. Na saɓi fartanya da hantsi na nufi jinga ni kaɗai, don in Mai Girma ya dawo ya ga shugaba ya fara bin doka. Na zaɓi daidai gonata, saboda nan ne kusa da inuwa. Na sara, na ƙara, ƙasa ta fara buɗewa kamar faɗin akushi. Da na ɗaga fartanya don sara na gaba sai bayana ya ce shi ba ya cikin wagga ƙungiya. A amalanken shanu anka mai da ni gida, Kalilu na gaba yana ce wa mutane su ba da hanya ga shugaba.

Ina kwance ruwa ya iso. Waɗanda sunka gani sun ce ya zo da fushi, ya daki jinga ya koma, ya sake dukanta ya koma. Jinga ta tsaya. Shinkafar Hodi ta tsaya, ta Kalilu ta tsaya, ta gari duk ta tsaya. Wuri guda kaɗai ruwan ya sami ƙofa. Ya bi ta nan a hankali, da ladabi, ya sauka cikin gona guda da ke kwari, ya cika ta har baki, ya kwanta. Ba sai na faɗa muku gonar wa ba ce.

Da labari ya kai Birni cewa ƙauyenmu ya tsira, sai ga motoci. Wannan karon har da Ranka Ya Daɗe Mai Almakashi da kansa, mai yanke zaren buɗe ayyuka. An kawo sabon allo anka kafa kusa da tsohon, awaki sunka sami ɗaki biyu. Mai Girma Babban Mai Duba, shi dai wanda ya ce a rushe, shi ya riƙe lasifika. Ya ce wannan aiki misali ne na haɗin gwiwar al'umma da hukuma, ya kira mu masu ruwa da tsaki. Wannan kam ya yi gaskiya ta wajena, ruwa dai ina da shi. Da anka nemi shugaban al'umma ya matso a ɗauki hoto, na dogara sanda na taso, sai na tarar sun zo da nasu shugaban daga Birni, cikin shadda mai ƙamshi, bai san ko ta ina gulbin yake ba. Kura da shan bugu, gardi da karɓar tafi. Hodi ko leƙowa ba ta yi ba, ta ce tana da shanya.

Amma ku ji inda Allah ya ɗaukaka bawansa. Mai Almakashi ya hango ƙofar da na sara, ya tambaya mene ne wannan. Mai Girma bai ko yi tari ba, ya ce magudanar kariya ce, ƙwararru sunka tsara ta don rage wa jinga nauyin ruwa, ba don ita ba da duk aikin ya tafi. Aka yi tafi. Na dubi Kalilu, Kalilu ya dubi sama. Ashe bayan haramtacce da mai zagon ƙasa da ɗan kore, har ƙwararru na zama, ni kaɗai, jam'i guda.

Saboda haka in kun ji masani a rediyo yana rarrabe muku sunayen nan, ku gaishe shi, ya yi ƙoƙari. Ni dai abin da na gani, duk aikin da talaka ya yi ba da hukuma ba, ba a raɗa masa suna sai an ga yadda ruwa ya yi da shi. In ya rushe, naku ne, kuma laifi ne. In ya tsaya, tare kunka yi.

Yanzu ina cin tuwon Hodi, tana zuba mini ba gori, sai dai kullum in ta aje akushi takan ce ga na shugaba. Man da na saya jiya na injin da ke zuƙe ruwa daga gonata ne, ko in samu in yi noman rani. Wanda duk ke shakkar cewa ni ne ƙwararrun nan, ya zo fadamar Zauro ya tambayi gonar Tamba, ba ta ɓata, ita kaɗai ce ake kama tarwaɗa a ciki. Ya tuɓe riga ya shiga ya auna zurfin ilimina da kansa. In ya fito, sai mu yi musu.